Haɗin kai ko haɗin baki? Daga Vichy zuwa Rusairis

Ranar 30 ga Oktoba 1940 wani dattijo ɗan shekara 84 ya yi jawabi a rediyo, ya ɓata wata kalma, har yau ba ta wanku ba. Dattijon shi ne Marshal Philippe Pétain, gwarzon Faransa da ya tsare Verdun a 1916. Kalmar kuwa ita ce collaboration. A da in Bafaranshe ya furta ta, aikin tare kawai yake nufi: marubuta biyu su fitar da littafi ɗaya, likitoci su taru kan majiyyaci. Kwana shida kafin jawabin an ɗauki hoton Pétain a tashar jirgin ƙasa ta wani ɗan ƙaramin gari, Montoire, yana musafaha da Hitila. Hoton ya girgiza mutane, dole ya fito ya yi bayani. Ya ce da ƙafarsa ya je, ba wanda ya tilasta shi, ya zaɓi hanyar aiki tare da Jamus, kuma shi kaɗai tarihi zai tuhuma. Bayan shekara huɗu an gutsure kalmar ta koma collabo, zagin da ake jefa wa mutum a titi kafin a tofa masa yawu.

Duk wanda ya taɓa zaman fassara labaran duniya zuwa Hausa ya san wuyar wannan kalma. Mu a wajenmu gaɓar jiki ce ke raba gardama. In an haɗa kai, alheri ake nema. In an haɗa gwiwa, aiki ne da ya fi ƙarfin mutum ɗaya. In kuwa aka ce an haɗa baki, to a nemi wanda za a cuta. Pétain haɗin gwiwa yake nufi, tarihi ya rubuta masa haɗin baki. Amma ko haɗin bakin bai zauna daidai ba, don shi a ɓoye ake yin sa, cikin raɗa, bayan an kashe fitila. Abin da aka yi a Faransa daga 1940 zuwa 1944 da rana tsaka aka yi shi, da hatimi da sa hannu, ana buga shi a jaridar gwamnati.

Ba Pétain ne ya fara kawo kalmar ba. Jamus ta karya sojan Faransa cikin mako shida, aka sa hannu kan takardar tsagaita wuta ranar 22 ga Yuni 1940, a dajin Compiègne, cikin taragon jirgin nan da aka sa Jamus ta durƙusa a 1918. Sashe na uku na takardar ya umarci ma'aikatan Faransa da ke yankin da aka mamaye su yi aiki tare da hukumar sojan Jamus yadda ya kamata. Wato mai raba wasiƙa ya ci gaba da rabawa, direban jirgi ya ci gaba da tuƙi, ɗan sanda ya tsaya a mararrabarsa. Faransa za ta riƙa biyan faran miliyan 400 kullum, kuɗin ciyar da waɗanda suka mamaye ta, sojanta fiye da miliyan ɗaya da rabi kuma suna tsare. Wannan dole ce, irin wadda ke kan duk wanda aka ci da yaƙi. Abin da Montoire ta yi shi ne ta ɗauki dolen ta mayar da ita manufa, abin alfahari, hanyar samun kujera a sabuwar Turai ta Hitila.

Sunan gwamnatin ma aro ne. Vichy garin shan iska ne, na ruwan magani, inda masu ciwon hanta da tsofaffin ma'aikatan mulkin mallaka ke zuwa jinya. An zaɓe shi ne don yana da otal-otal da yawa da layin tarho mai kyau. Ma'aikatu suka tare a ɗakunan kwanan baƙi, Pétain ya zauna a Hôtel du Parc. Ranar 10 ga Yuli 1940 'yan majalisa suka taru a ɗakin wasan gidan caca na garin, 569 suka miƙa masa dukkan iko, 80 suka ƙi. Nan take aka shiga sauya sunaye. Jamhuriya ta tafi, aka ce Daular Faransa. Kirarin nan na 'yanci da daidaito da 'yan'uwantaka aka cire shi, aka sa aiki da iyali da ƙasar haihuwa. Wanda ya taɓa riƙe kwabon faran na wannan zamani zai ga kalmomin uku a gefe guda, a ɗaya gefen gatari mai baki biyu. Kwabon na sanholo ne, ba nauyi ko kaɗan, don ƙarfe mai daraja ya tafi masana'antun yaƙi. Gatarin ba baƙo ba ne ga mai lura. Kalmar fasist ta Mussolini daga damin sanduna da gatari a tsakiya ta fito, alamar hukunci ta Rumawan da. Mutanen garin Vichy har yau suna fama da wannan gado: suna roƙon a bambanta vichyssois, mazaunin gari, da vichyste, mai bin Pétain.

Su 569 ɗin nan, Bahaushe yana da sunansu a shirye: 'yan amshin Shata. Sai dai sunan bai ɗauki gwamnatin duka ba, domin ɗan amshi ba shi ke zaɓen waƙa ba. Vichy ta rera nata da kanta. Dokar farko da ta kori Yahudawa daga aikin gwamnati da koyarwa da jarida an sa mata hannu ranar 3 ga Oktoba 1940, Jamus ba ta nema ba. A birnin Faris kuma akwai wasu da ke ganin Pétain yana jan ƙafa, irin su Jacques Doriot da Marcel Déat, masu son Faransa ta zama ta 'yan Nazi gaba ɗaya; Doriot har kakin sojan Jamus ya sa ya tafi yaƙin Rasha. Masanin tarihi Stanley Hoffmann ya ware su a 1968, ya ce akwai masu aiki da Jamus don lissafin mulki, akwai masu yi don aƙida, su ne collaborationnistes. Waɗannan, da rundunar Milice ta Joseph Darnand da aka kafa a Janairu 1943 don farautar masu turjiya, su ne karnukan farauta a bakinmu. Rarrabewar tana da amfani, amma kada ta ruɗi mutum. Ba masu aƙidar ne suka bi gida-gida a Faris ranakun 16 da 17 ga Yuli 1942 ba. 'Yan sandan gwamnati ne, masu albashi da fansho, suka kama Yahudawa 13,152, fiye da 4,000 daga ciki yara, suka tara mafi yawansu a filin tseren keke na Vel d'Hiv. Yahudawa kusan 76,000 aka kwashe daga Faransa zuwa sansanonin Jamus. Waɗanda suka dawo ba su kai 4,000 ba.

To a wancan lokaci wane ne maci amana? A takarda, de Gaulle ne. Janar ne ƙarami da ya tsere Landan ya yi kira a rediyo ranar 18 ga Yuni. Kotun soja a Clermont-Ferrand ta yanke masa hukuncin kisa a bayan idonsa ranar 2 ga Agusta 1940, a Disamba aka ƙwace masa zama ɗan ƙasa. Shi da mutanensa suna kiran kansu Faransa Mai 'Yanci. Vichy tana kiransu dissidents, 'yan a-ware.

Wannan rabuwa ta ratsa ƙasar Hausa ta tsakiya. Gwamnan Cadi, Félix Éboué, baƙar fata ɗan Guyane, ya bi de Gaulle ranar 26 ga Agusta 1940. Babban gwamnan Afirka ta Yamma, Pierre Boisson, ya tsaya wa Pétain, ya buɗe wa jiragen ruwan Ingila da na de Gaulle wuta a Dakar daga 23 zuwa 25 ga Satumba har suka juya. Ke nan Damagaram da Maraɗi da Tawa da Ƙonni suna ƙarƙashin Vichy, Kano da Katsina suna yaƙi a gefen Ingila, Fort-Lamy, wato Njamena ta yau, tana hannun 'yan a-ware. Iyaka ta tsananta, falken da ya saba kai kaya Katsina ya wayi gari ɗan fasa-ƙwauri, in an ga dama a ce ɗan leƙen asiri ne. A Dahomey an kama Albert Idohou da Agoussi Wabi kan taimaka wa Ingilishi, aka harbe su a Dakar ranar 10 ga Nuwamba 1941 da sunan cin amanar ƙasa. Daga baya de Gaulle ya sa su cikin jerin gwarazan 'yantar da Faransa.

Abin da ya fi ɗaure kai shi ne babu sojan Jamus ko ɗaya da ya yi gadi a Damagaram. Ba mai mamaya a kusa, amma ga hoton Marshal a ofis, ga dokokinsa ana bi sau da ƙafa. Dalilin ba ɓoyayye ba ne. Mulkin da ba zaɓe, ba ƙungiyar ƙwadago, ba gardama, na sama ya faɗa na ƙasa ya bi, ai shi kumandan yake yi tun kafin a san Pétain zai hau mulki. Vichy ta ba shi lasisi ne kawai ya daina kunya. Aikin dole ya ƙaru, karɓar hatsi da dabbobi ya ƙaru. Kada kuma a ce ƙetaren iyaka aljanna ce: daga 1942 zuwa 1944 Ingilishi sun yi ta kwasar talakawan Arewa zuwa haƙar kuza a Jos, abin da mutane suka raɗa wa diban gwamna. Da Amurkawa suka sauka Afirka ta Arewa a Nuwamba 1942, Boisson ya juya ya bi su, ya ci gaba da zama kan kujerarsa har tsakiyar 1943. Jean Toby, wanda aka naɗa gwamnan Nijar a 1942, bai bar Yamai ba sai 1954. An sauke hoto an rataya wani, aikin dole kuwa sai a Afrilu 1946 aka soke shi.

Kuma akwai wata kalma da Bafaranshe bai taɓa juyowa da ita kan kansa ba. Zaman Jamus a ƙasarsa ya kira shi Occupation, mamaya. Abin da hafsoshin Faransa Voulet da Chanoine suka yi a Birnin Ƙonni da Lugu a 1899 da abin da ya biyo baya, a littattafansa pacification ne, kwantar da tarzoma. Sarki ko tafintan da ya taimaka masa bai taɓa zama collabo ba, amintaccen Faransa ne, har da lambar girma. Sojan Afirka da suka nemi haƙƙinsu a Thiaroye ranar 1 ga Disamba 1944, gwamnatin de Gaulle ce ke mulki aka harbe su, aka rubuta bore. Sai a 2024 shugaban Faransa ya yarda ya kira abin kisan gilla.

Zaɓin Éboué ya taɓa tsohuwar hanyar da Hausawan Sudan suka sani da tafin ƙafa. Hanyar alhazai ce: Kano, Maiduguri, Fort-Lamy, Jinaina, Fashir, har bakin Nilu. Daga Satumba 1940 jiragen yaƙin Ingila da ake haɗawa a Takoradi suka riƙa bin samanta zango-zango zuwa Kartum da Alƙahira. Da Cadi ta bi Vichy, da hanyar ta yanke a tsakiya. Ta ƙasa kuma wata bataliyar sojan Cadi ta de Gaulle ta ratsa Sudan ta je ta yaƙi Italiya a Eritiriya a farkon 1941, alhali Jibuti, can bakin teku, tana nan daram a hannun Vichy har ƙarshen 1942.

Mutanen Shuɗin Nilu kuwa ba labarin fasist suka ji ba, ganinsa suka yi. Tilyan, kamar yadda Sudanawa ke kiran Italiyawa, sun kama Kasala da Gallabat ranar 4 ga Yuli 1940, bayan 'yan kwanaki suka kama Kurmuk, kudu da Rusairis, inda ba a fitar da su ba sai Fabrairu 1941. Rusairis ta zama sansanin shiri. Ta wannan yanki ne rundunar Orde Wingate da bataliyar kan iyaka ta Sudan suka hau tsaunukan Gojjam da dubban raƙuma, kusan duka suka mutu a hanya, har aka ce warin mushe ya isa ya nuna wa na baya hanya. Sarki Haile Selassie ya taka ƙasarsa a Um Idla ranar 20 ga Janairu 1941, ya shiga Adis Ababa ranar 5 ga Mayu. Habashawa suna da tasu kalmar: banda. Mu in mun ji sai mu tuna da kifin da aka ƙyafe, amma su daga Italiyanci suka ɗauko ta, sunan rundunonin 'yan ƙasa da Italiya ta ɗauka haya, kuma har gobe babu zagin siyasa da ya fi ta zafi a Habasha, kamar yadda sunan Quisling na Norway ya zama a Turai. Ga yadda aka raba sakamako a Gojjam, inda kogin da ke wucewa ta Rusairis ya fito. Ras Hailu, basaraken da ya fi kowa amfana da Italiya, ya zo ya yi mubaya'a a Debre Markos a Afrilu 1941, aka bar shi da ransa, ya mutu a gadonsa. Belay Zeleke, wanda ya yi shekaru a daji yana yaƙar Tilyan, ya saɓa da sarki, aka rataye shi a 1945.

Amma ba sai mun je Habasha ko Faransa neman wannan gardama ba. Garuruwan Hausawa da Fulani na bakin Shuɗin Nilu, da yawansu ita ce ta haife su.

Turawa sun ci Sakkwato ranar 15 ga Maris 1903. Sarkin Musulmi Attahiru ɗan Ahmadu ya nufi gabas, jama'a suka yi ta barin gonaki suna bin sa, suna kiran kansu muhajirai, hujjarsu a hannu: Shehu Usmanu da kansa ya rubuta littafi kan wajabcin hijira. Rahotannin Ingilishi kuwa tsohon sarki suke ce masa, mabiyansa masu tsattsauran ra'ayi. An kashe shi a Burmi ranar 27 ga Yuli 1903. Waziri Muhammadu Buhari bai bi ba. Ya tsaya da taron jama'ar da ba su da abin tafiya, ya tara malamai aka yi shawara, suka koma gari suka yi sulhu, cikin mako guda Gwamna Lugga ya naɗa wani Attahirun, ɗan Aliyu Babba. Waziri ya bar wasiƙa zuwa ga ma'abota ilmi da tunani yana bayyana dalilinsa, kuma wanda ya karanta ta zai ga mutum ne da barci ya ƙaurace wa. Tsoronsa shi ne kada abin da ya yi ya zama muwalat, jiɓintar kafirai, wadda Shehu ya yi wa Barno hukunci a kanta. Sai da ya nemi fatawar Alƙalin Gwandu, Ahmadu ɗan Sa'adu, wanda ya kwantar masa da hankali: in kowa ya tafi, wa za a bar wa ƙasar da raunanan cikinta?

Malamanmu sun riga Hoffmann rarrabe wannan abu da ƙarnuka, kuma a ganina rarrabewarsu ta fi tasa kaifi. Akwai muwalat, wadda zuciya ke ciki. Akwai taƙiyya, wadda aya ta 28 ta Ali Imrana ta yi rangwame a kanta, harshe ya lallaɓa don tsoro, zuciya tana inda take. Akwai mudara, ka ba da duniya don ka tsare addini, akwai kuma mudahana, ka ba da addini don ka tsare duniya. Na waje ba ya iya bambanta biyun nan na ƙarshe da ido, don duka murmushi ne a gaban mai bindiga. Bahaushe ya taƙaice rangwamen da cewa durƙusa wa wada ba gajiyawa ba ne.

Pétain ma da ya tsaya gaban kotu a 1945 irin wannan ya kawo. Ya ce shi garkuwa ne, ya tsaya tsakanin jama'a da Jamus. Magoya bayansa suka ƙawata zancen, wai de Gaulle takobi, Pétain garkuwa, aiki ɗaya suke yi. Zancen ya yi shekaru yana ci, sai da Robert Paxton, Ba'amurke, ya buɗe takardun Jamus ya fitar da littafinsa a 1972, aka ga Vichy ce ke bin Jamus tana roƙon a yi aiki da ita, Hitila yana yanga. Ban yarda a ɗora Waziri da Pétain a sikeli ɗaya ba. Waziri bai ɗauki faɗuwar Sakkwato wata dama ta gyara jama'a yadda yake so ba. Mutanen Vichy kuwa murna wasunsu suka yi da faɗuwar Jamhuriya, suka sa wa shirinsu suna juyin juya halin ƙasa. Amma tambayar da ta rusa garkuwar Pétain tana nan a kan kowace garkuwa: wa aka bari a wajenta, wa aka miƙa don na ciki su tsira? A Faransa Yahudawa ne, aka fara da baƙin cikinsu. A Sakkwato amsar ta zo bayan shekara uku, a Satiru. Talakawa da bayin da suka gudu, tare da Ɗan Makaho da ya ƙetaro daga ƙasar Faransa, suka kashe Turawa uku a Fabrairu 1906. A Maris aka shafe garin, aka kashe mutane wajen 2,000, sarautar Sakkwato tana gefen Turawa, Sarkin Musulmi ya la'anci duk wanda ya sāke gini a wurin.

Su kuma waɗanda suka tafi, tafiyar ba ta fisshe su daga tambayar ba. Ɗan Attahiru, Muhammadu Bello Mai Wurno, ya tsira daga Burmi ya kai ragowar jama'a gabas, suka sauka a bakin Shuɗin Nilu kusa da Sinnar wajen 1906, inda garin da ke ɗauke da sunansa yake har yau. Wa suka tarar yana mulki? Ingilishin da suka guda, waɗanda suka karya daular Mahadi a 1898. Aka ba Mai Wurno ƙasa, aka san shi a matsayin sarkin mutanensa, ƙauyuka suka yi ta tsira a bakin kogi har wajen Rusairis. Da aka gama madatsar Sinnar a 1925 aka buɗe gonakin audugar Jazira, guminsu na cikin abin da ya raya ta. Ba wanda ya ce musu maciya amana don wannan, kuma bai kamata a ce ba. Inda ba ƙasa nan ake gardamar kokawa. Sunan da aka ba su wani ne: Fallata, Takari, kalmomin da a bakin wasu ke nufin baƙo ko da an binne kakansa a nan. Dokar zama ɗan ƙasa ta 1957 ta sa ƙarshen 1897 ne ma'auni, wanda kakanninsa suka iso bayan nan sai ya nema. Muhajiran Burmi sun makara da 'yan shekaru.

Da aka kori Jamus a 1944, Faransa ta kira abin da ya biyo baya épuration, tacewa. Gwamnatin de Gaulle ta ƙi ma ta kira Vichy gwamnati. A dokar 9 ga Agusta 1944 cewa ta yi wata hukuma ce mai kiran kanta gwamnati, kuma a kan wannan lafazi Faransa ta yi shekara hamsin tana cewa ba ita ta kwashe Yahudawa ba, har Shugaba Jacques Chirac ya amsa laifin ranar 16 ga Yuli 1995. An ƙirƙiro sabon laifi, indignité nationale, zubar da mutuncin zama ɗan ƙasa. An harbe Pierre Laval, firaministan Vichy, da Darnand a Oktoba 1945. Pétain an yanke masa kisa, aka sassauta, ya mutu a tsare a tsibirin Yeu a 1951. Mutum wajen 9,000 an kashe su ba shari'a. Mata kusan 20,000 aka zaunar a dandali aka yi musu aski ƙwal, ana ihu, ana zagaya gari da su a bayan mota. Da yawansu masu wanki ne da masu aikin otal da 'yan mata marasa gata. René Bousquet, shugaban 'yan sandan da ya shirya kamen Vel d'Hiv, kotu ta ɗora masa wancan sabon laifi a 1949 ta ɗauke masa a zama guda, ya koma harkar banki. Maurice Papon, wanda ya sa hannu kan kwashe Yahudawan Bordeaux, ya zama shugaban 'yan sandan Faris, ya zama minista, ba a same shi da laifi ba sai 1998.

A Sudan yau kalmar tana da rai, kuma tana kisa. Ta'awun kalma ce mai tsarki, ta taimakon juna da Alƙur'ani ya yi umarni da shi a farkon Ma'ida. Tun da yaƙi ya ɓarke ranar 15 ga Afrilu 2023 tsakanin soja da dakarun Da'am Sari', muta'awin, wato mai haɗa kai da abokan gaba, ya zama abin da ake faɗa a nuna mutum da yatsa. Su ma dakarun suna da nasu sunayen ga wanda suke son kamawa: fulul, ragowar tsohuwar gwamnati, ko kezan, jam'in koz, moɗar shan ruwa, laƙabin 'yan Islama na zamanin tsohon shugaba Bashir. Dakarun sun kama Wad Madani a Disamba 2023, sun kama Sinja a tsakiyar 2024. Mai mota da kuɗi ya fita. Wanda ya zauna shi ne wanda ba shi da inda za shi: mai shayi, mai faci, leburan gona, matasan da ke dafa abincin sadaka a takaya, waɗanda dole su yi magana da mai bindigar da ke bakin titi in suna son buhun dawa ya wuce. Da soja suka dawo, zaman nan ya zama abin tuhuma, kotuna suna yanke hukunci har na kisa da sashe na 50 da na 51 na dokar laifuka ta 1991.

Hausawan Shuɗin Nilu sun ɗanɗana irin wannan nunin yatsa tun kafin yaƙin. Da suka nemi a ba su tasu masarauta, aka ce baƙi ba su da ƙasa, aka kuma zarge su da zama 'yan koren wannan ɓangare ko wancan, a da na Bashir, daga baya na Malik Agar, tsohon madugun 'yan tawayen yankin. Rikicin Yuli 2022 a Gaisan da Rusairis da Damazin ya ci fiye da mutum 100, na Oktoba a Wad al-Mahi ya fi shi muni.

A Jazira, kwamandan da ya riƙe jihar wa Da'am Sari', Abu Aƙla Kaikal, ya koma gefen soja a Oktoba 2024, aka yi masa afuwa, aka tarbe shi da murna. Ranar 10 ga Janairu 2025, ana gobe za a ƙwato Wad Madani, aka far wa Kambo Tayba, ɗaya daga cikin kanabi, matsugunan leburorin gona da asalin yawancinsu yammacin Sudan ne, bisa zargin su muta'awinai ne. Ƙungiyar Human Rights Watch ta ce mayaƙan Kaikal ne, kuma sun kashe aƙalla mutum 26, har da yaro. Rundunar soja ta fitar da sanarwa ta yi tir da abin da ya faru a Jazira, shugabanta Janar Burhan ya kafa kwamitin bincike. Sunan da sanarwar ta ba abin shi ne tajawuzat fardiyya, wuce gona da iri na ɗaiɗaikun mutane.